Mu uku a gida ɗaya

Aminina,

Assalamu alaikum. Ina fatan kana lafiya, da iyali da su Mama. Na san za ka ce na yi shiru da yawa. Ka yi haƙuri, wata 8 ke nan ina fama da sabon zama, sai yanzu na samu natsuwa.

Ka tambaye ni inda nake kwana. Mu 3 ne a gidan haya, kowa da ɗakinsa, amma falo da kicin da banɗaki na tarayya ne. Abin da ban lura da shi ba sai daga baya shi ne, duk sunayenmu a takardar yarjejeniya ɗaya suke, kuma an rubuta cewa in ɗaya ya kasa biya, mai gida zai iya neman kuɗin a hannun sauran. Da na karanta wurin nan gabana ya faɗi. Ashe bashin mutanen da ban san halinsu ba na sa wa hannu! In ka tashi shiga irin wannan zama, ka karanta takardar tsaf, ka ɗauki hoton lambar mita da kowace tsaga a bango ranar da ka tare, don daga kuɗin ajiyar da ake ba mai gida tun farko ake cire na gyara in za ka tashi.

Rigimarmu ta farko kuwa a kan kwanuka ce. Ɗaya daga cikinmu yakan bar su a wurin wanke-wanke har kwana biyu, da safe kuma ko gaisuwa da ƙyar yake amsawa, sai ya shige ɗaki ya turo ƙofa. Na ce wannan girman kai ne ke damunsa. Sati 3 ina ƙullace da shi. Ashe bawan Allah aikin dare yake yi, lokacin da muke tashi shi yake dawowa, ido jajur. Kunya ta rufe ni. Yanzu mun manna takardar rabon aiki a jikin firji, nasa wankin da yamma ne.

Shi ɗin ne ma ya ja ni tafiya watan jiya, kwana 4 a jirgin ƙasa. Ka san ni da tsara komai a takarda tun daga gida. Ya ce in cusa ta a aljihu. Muka sauka a wani ƙaramin gari da babu shi a lissafina, ba ma jin harshensu. Wata dattijuwa ta kama hannun rigata tana ja. Da a da ne, da na fizge, in ce kuɗi take so. Sai na tuna da kwanukan nan, na bi ta. Masauki ta kai mu, ta juya abinta ko godiya ba ta tsaya ji ba.

Ka zo hutun nan mana. Kujerar falo tana isar mutum ɗaya, sai dai ka taho da abin toshe kunne, don na ukunmu akwai munshari.

Naka har kullum.