Rahoton Kwamitin Yashewa da Gyaran Lambatun Unguwarmu

Assalamu alaikum. Iyayenmu mai unguwa, limamai da sauran dattawa, da duk wanda ya sa kuɗinsa ko ƙarfinsa, muna sanar da ku cewa aikin da kuka ɗora mana ya kammala, alhamdulillahi. An yashe lambatun tun daga bakin titi har inda yake zuba a rafin Getsi, an sake gina bangon da ya zube a bayan makarantar allo, an kuma zuba sabon kwalbati a mashigar masu baro.

Matasa da dama sun tambaye mu me ya sa ruwan nan yake baƙi ƙirin ko da rani, shi ya sa za mu ɗan koma baya. Getsi ita ke kwaso ruwan masana'antun Bompai, ta je ta haɗu da Jakara. Ita kuma Jakara daga cikin birnin Kano take tasowa, wajen Kasuwar Kurmi da Sarki Muhammadu Rumfa ya kafa a ƙarni na 15, ta biyo ta Fagge ta kwashi jini da tumbin mahauta, ta ratsa gefen Sabon Gari. Haɗaɗɗen ruwan nasu yana ƙarewa a madatsar Wasai da ke Minjibir, wadda aka gina a 1976. Da Bompai ta cika da masaƙu da majemu da kamfanonin roba, ruwan rini da na jima ya riƙa gangarowa ba tare da an tace shi yadda ya kamata ba. Masaƙu da yawa sun rufe tuni, amma abin da suka zubar yana nan kwance a ƙasan magudanu. Gwamnatin Kwankwaso ta biyu, tsakanin 2011 da 2015, ta rufe wani sashe na Jakara a cikin gari domin a shimfiɗa titi a kai. Ƙananan magudanu irin namu kuwa sai dai masu unguwa su tashi.

Yasar ita ta fi cin rai. Saman duk ledar ruwa ce da robobi da tsummokara, wannan aikin gayya na ranakun Asabar ya ɗauke shi da shebur da baro. Ƙasan ne matsalar. Laka ce mai danƙo, baƙa da ratsin shuɗi, idan aka soka shebur sai ta yi kumfa, wari ya bugi mutum har hawaye su zubo. Yaran da suka fara shiga da silifas sun fito ƙafafunsu na ƙaiƙayi, wasu har da ƙuraje, don haka muka dakatar da aiki sai da aka sayo takalman roba da safar hannu. Daga baya muka yi hayar katafila da tifa, kuma nan ne mafi yawan kuɗin karo-karo ya tafi.

Akwai hukuncin da muka yanke wanda bai yi wa wasu daɗi ba. 'Yan'uwanmu masu lambu sun nemi a ba su lakar su zuba a matsayin taki, har da tayin biyan kuɗin tifa. Mun ƙi. Majemun zamani da sinadarin kuromiyam suke jima, kuma irin wannan ƙarfe ba ya ruɓewa kamar kashin shanu. Yana zama cikin ƙasa, ganye ya zuƙe shi. Latas da kabejin da za a shuka a kai, 'ya'yanmu ne za su ci. Duk lakar an kai ta juji na hukuma, kuma muna nan kan bakanmu cewa hakan shi ne daidai.

Wajen gini, magina sun ba da shawarar a zuba kankare da rodi a gindin bangon maimakon bulo zalla, saboda ruwan yana cin bulo daga ƙasa, kuma hakan ne ya kayar da na farko. Mun bi shawararsu duk da tsadar siminti. Ruwan sama na farko mai ƙarfi ya wuce bai shiga gidan kowa ba.

Amma fa jama'a, gudun ruwa daban, tsabtarsa daban. Har yanzu wasu darare ruwa mai launi yana gangarowa daga sama, kuma wannan ya fi ƙarfin shebur ɗinmu. Mun rubuta wa hukumomin muhalli takarda da sa hannun mai unguwa, muna neman a tilasta wa kowace masana'anta tace ruwanta kafin ta sake shi. Kafin nan, iyaye mata don Allah a hana yara wasa a ciki, kada kuma a shayar da awaki daga nan.

An saka ragar ƙarfe a bakin kwalbatin domin tare leda, ƙungiyar matasa ta karɓi kwashe ta kowace Asabar da safe. Lissafin abin da ya shigo da abin da aka kashe, tare da rasitai, ma'aji zai karanta shi a ƙofar gidan mai unguwa ranar Juma'a bayan la'asar.