Bafaranshe Ya Rubuta Tarihin Matafiyan Ingila, Namu Fataken Fa?

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan alheri gare ka da sauran ma'aikatan wannan jarida mai farin jini, ina roƙon ka ba ni ɗan fili in yi magana a kan wani littafi da ya hana ni sakat tun bayan ƙaramar Sallah.

Ni tsohon malamin sakandare ne, na shekara talatin da ɗoriya ina koyar da tarihi kafin in ajiye alli. Wata Asabar na shiga Sabon Gari neman wa jikata littafin lissafi, sai na tsaya wurin masu baza tsofaffin littattafai a ƙasa. Can ƙarƙashin tulin na zaro wani mai kauri, bangonsa ya ɗaye, takardunsa sun yi ja kamar an rataye su a madafa. Sunansa English Wayfaring Life in the Middle Ages, wato rayuwar matafiya a Ingila ta zamanin da. Abin da ya sa na biya ko tayi ban yi ba shi ne, marubucin ba ɗan Ingila ba ne. Bafaranshe ne mai suna Jean Jules Jusserand, kuma aikin da yake ci da shi jakadanci ne.

An haife shi a birnin Liyon a 1855, ya mutu a 1932. Ya yi aiki a Landan, ya wakilci ƙasarsa a Denmak, sannan aka tura shi Amurka a matsayin jakada. Ya kama aiki a can a 1903, shekarar da Turawa suka ci Kano, bai bar kujerar ba sai 1925. Shugabannin Amurka biyar ya yi zamani da su, tun daga Theodore Roosevelt har Calvin Coolidge, kuma Yaƙin Duniya na Ɗaya a kan wannan aiki ya same shi. Duk da wannan nauyi, mutumin nan ya rubuta tarihin adabin Ingilishi juzu'i-juzu'i, ya yi littafi a kan ƙagaggun labarai na zamanin Shakespeare, da wani a kan yadda Faransawa suka karɓi Shakespeare ɗin. A 1917, karon farko da aka ba da kyautar Pulitzer, wata babbar kyautar rubutu ta Amurka, a fannin tarihi, shi ya ɗauke ta da wani littafi da ya yi a kan Amurka. Ban manta ba cewa ƙasar da ya yi wa hidima ita ce ta danne 'yan'uwanmu na Damagaram da Maraɗi. Wannan yana nan a raina, amma bai hana ni ganin aikin da ya yi kyau ba.

Littafin da na saya ya fito da Faransanci a 1884, marubucin yana da shekara 29, aka fassara shi zuwa Ingilishi a 1889. Malam Edita, na koyar da tarihi tsawon rayuwata, kuma yawancin abin da muka koyar sarki ne ya hau, sarki ya yi yaƙi, sarki ya mutu. Shi Jusserand sai ya bar fada ya sauka kan hanya. Ya ɗauki Ingila ta ƙarni na 14 ya tambaya: su wa ke bin hanyoyin nan, a ina suke kwana, me suke ci, wa ke gyara musu gada? Amsar kuwa ya tono ta ne daga tsofaffin dokoki, da takardun koke da mutane suka kai majalisa, da waƙoƙin Chaucer da Langland, mawaƙan Ingila na wancan ƙarni.

Babin gadoji ya fi kama ni. Ashe a wancan zamani gyaran gada da hanya aikin lada ne a wurinsu. Mai hali yakan bar wasiyyar kuɗin gyaran gada, manyan limaman coci kuma su yi wa wanda ya taimaka alkawarin gafara. Gadar Landan ta dutse, wadda aka fara a 1176 aka gama a 1209, har ɗakin ibada aka gina a tsakiyarta. Ina karantawa ina tuna randar ruwa da kakata take ajiyewa a ƙofar gida domin masu wucewa, kullum da asuba sai ta wanke moɗar da kanta.

Sai ya jero mutanen hanya ɗaya bayan ɗaya: masu tallar magani da ke cika kasuwa da baki, makaɗa da mawaƙa, masu wasa da dabbobi, 'yan koli, manzanni, masu wa'azi, masu sayar da takardun gafara, masu ziyarar kaburburan waliyyansu. Wallahi in ka cire sunayen, sai ka rantse 'yan magori da gardawa da maroƙanmu yake siffantawa. Ya kuma nuna yadda annobar 1348 zuwa 1349 ta kashe jama'a har ma'aikata suka yi ƙaranci, ladan aiki ya tashi, hukuma ta yi doka a 1351 don a mayar da shi yadda yake a da, a kuma hana lebura yawon neman inda ya fi tsoka. Wanda aka kama a sa shi a turu. A ganinsa, a lokacin da babu jarida, waɗannan matafiya su ne ke kai labari da sabon tunani daga gari zuwa gari, kuma suna da hannu a abin da ya kai ga tawayen manoma na 1381.

To, ga abin da ya sa na ɗauki alƙalami. Mu Kanawa wa ya kai mu tafiya? Tun zamanin Muhammadu Rumfa Kasuwar Kurmi take karɓar baƙi. Ayarinmu ya bi hanyar Gwanja da turkuɗi da kanwa da jar fata, ya haye Kwara, ya dawo da goro bayan watanni. Akwai madugu, akwai jagaba, akwai uban dawaki, kowa da aikinsa. Agalawa da Tokarawa da Kambarin Barebari sun cika zangon Salaga da Kumasi. Alhazanmu sun taka da ƙafa ta Chadi da Sudan, wasu su shekara biyar, wasu su zauna can har abada. An yi rubutu a kan wannan, ban musa ba. Bajamushen matafiyi Barth ya siffanta kasuwancin Kano da ya gani a 1851, Farfesa Mahdi Adamu da Paul Lovejoy sun yi bincike mai zurfi. Amma kusan duka da Ingilishi ne, suna kan kantocin jami'a. Jikan madugu da ke sayar da atamfa a Kantin Kwari bai taɓa ganinsu ba.

Kakana na wajen uba bafatake ne. Ya bar wata adaka cike da takardun ajami: wasiƙu daga Kumasi, lissafin huhun goro, sunayen waɗanda yake bi bashi da waɗanda suke binsa. Ina yaro na sha ganin babana ya buɗe ta, ƙamshin tsohuwar tawada da kanumfari ya tashi, ya karanta mana ɗaya ya mayar ya ɗaure da zare. Wata damina soron da take ciki ya rufta. Da muka tono ta, takardun sun manne sun zama dunƙule ɗaya, gara ta ƙarasa sauran. Gwaggona kuma, wadda aka tafi da ita Makka a ƙasa tana goye ta dawo da wayonta, ta san sunan kowane zango da suka yada a hanyar dawowa. Kullum ina cewa zan zauna da ita da rikoda. Ta rasu ban zauna ba, kuma har yau abin yana ci mini rai.

Don haka roƙona biyu ne. Na farko gare ka, Malam Edita: ka ware ko da rabin shafi ne a mako domin labarin matafiyanmu, da Hausa, daga bakin waɗanda suka yi tafiyar ko 'ya'yansu. Tsofaffin direbobin Kano zuwa Ikko suna nan, da 'yan tireda na jirgin ƙasa, da masu kai shanu Kudu a ƙafa, da 'yan cirani. Duk wanda ke da tsohuwar wasiƙar ajami a gida ya ɗauki hotonta da waya ya aiko, a samu malami ya karanta. Na biyu ga manyan ma'aikatanmu da jakadunmu, masu ci da waɗanda suka sauka. Allah ya ba ku harsuna da damar shiga ɗakunan ajiyar takardu na Landan da Faris da Kaduna, inda labarinmu yake kwance. Wazirin Sakkwato Junaidu ya riƙe babban muƙami kuma ya bar mana littattafan tarihi, saboda haka abin ba baƙo ba ne a wurinmu.

Ni dai na fara. Akwai wani dattijo a unguwarmu da ya yi shekaru yana kai shanu Kudu a ƙafa, mun zauna sau uku a zaurensa bayan la'asar, jikata tana ɗaukar muryarsa da waya ni ina rubutawa. Mun kai inda suka haye kogin Kwara a Jebba. In ka ba da fili, shi zan fara aiko maka.

Wassalam.

Naka,
Tsohon malamin tarihi,
Unguwar Koki, cikin birnin Kano.