Wa'adin ɗaukaka ƙara ya wuce ni, ga shi an sauke yashi a filin

Assalamu alaikum Barista, Allah ya ƙara basira. Jiya da safe yarona ya shigo yana haki, ya ce Baba an sauke yashi tifa biyu a filinmu. Na je na gani da idona, har bulo an jera a gindin darbejiyar da mahaifina ya dasa. Tun daga lokacin ko ruwa da ƙyar yake wuce mini.

Filin nan saye ne, ba gado ba ne, don Allah ka riƙe wannan. Shi ya sa ma ba kotun Musulunci aka je ba, babbar kotun jiha aka je. Wanda ya kai ni ɗan baffana ne, a gidanmu ya tashi, tuwon mahaifiyata ya ci har ya yi aure, ni na saya masa keken ɗinkinsa na farko. Shekara 4 muna sintiri, aka ba shi gaskiya. A harabar kotu lauyana ya dafa kafaɗata ya ce kada in damu, doka ta ba mu wata 3 mu ɗaukaka ƙara. Ranar na ba shi naira dubu 150.

A satin Hajiyarmu ta faɗi, shanyewar ɓarin jiki. Kwana 40 ina kwana a tabarma a barandar asibiti. Gaskiya lauyan ya kira ni sau biyu ko uku ban ɗauka ba, don na san ciko zai tambaya, ni kuwa kuɗin magani ma aro nake yi. Amma ai ya san gidana. Bayan an sallame mu kaka ta shigo, na shiga ƙauyuka sayen masara, da ita nake ci da gida. Duk a zatona takarda ta shiga. Ashe ko kwafin hukuncin bai karɓo ba. Yau wata 8.

Na manta ban faɗa ba, shi ɗan baffan nawa ko sau ɗaya bai leƙo asibitin ba.

Wani lauya da na gani ya ce ƙofa ba ta rufe ba. Za a iya roƙon Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Kaduna ta ƙara mini lokaci, amma sai abu biyu sun haɗu: ƙwaƙƙwaran dalilin jinkiri a cikin takardar rantsuwa, da kuma hujjojin da ke nuna akwai abin dubawa a hukuncin. Ɗaya ba ya wadatarwa. Ya ce ba a cika ɗora wa mutum sakacin lauyansa ba, sai dai shi ma ya nuna bai yi barci ba, kuma rashin kuɗi shi kaɗai ba a cika karɓarsa ba. Sai ya dube ni ya ce, “Alhaji, jinya ta ɗauke maka kwana 40, sauran fa?” Na rasa amsa. Wai ko an karɓa ma ginin ba zai tsaya ba, sai an nemi dakatarwa daban.

Wani abokina ya ce a gyara takardar asibiti ta zama wata 6. Ni ban taɓa rantsuwa a kan ƙarya ba, amma shi ɗan baffan nawa da ya kawo shaidun haya fa?

To Barista, tsohon lauyan ya riƙe fayil, wai sai na biya ciko. In na rubuta sakacinsa a rantsuwa, ƙanwar uwargidana yake aure, gida zai kama da wuta. In ban rubuta ba, me zan ce wa alƙalai? Kuma magina Asabar za su fara haƙa. In na je na tsaya a wurin, kama ni za a yi?

Naka mai sauraro kullum, daga Zariya.