Masu sharhin zaɓe a talabijin da batun tallafin iyali

Malam Edita,

Ina neman ɗan fili a jaridarka domin in yi tsokaci kan yadda masu sharhi a gidajen talabijin ke tafiyar da muhawara idan zaɓe ya gabato, musamman idan aka zo batun tallafa wa iyali. Da zarar ɗan takara ya yi alƙawarin ba iyaye kuɗin tallafin yara ko rage musu haraji, sai a tara baƙi daga ɓangarorin hamayya su shafe sa'a guda suna gardama kan yawan ƙuri'un da alƙawarin zai jawo masa. Da wuya a tambayi wa ya cancanta, nawa zai samu, kuma daga ina kuɗin zai fito. Ko an gayyato masanin tattalin arziƙi, da ya fara bayani za ka ga mai gabatarwa ya dubi agogo ya ce lokaci ya ƙure, a tafi tallace-tallace.

Alhali kuwa akwai abin da za a auna irin waɗannan alƙawura da shi. A 2021 Amurka ta ƙara rangwamen harajin yara zuwa dala 3,600 ga yaron da bai kai shekara shida ba, da dala 3,000 ga mai shekara shida zuwa 17, aka riƙa biyan rabin kuɗin wata-wata daga Yuli zuwa Disamba. Hukumar ƙidayar ƙasar ta ce talaucin yara ya sauka zuwa kashi 5.2 cikin 100 a shekarar, sannan ya haura zuwa kashi 12.4 a 2022 bayan wa'adin ƙarin da sauran tallafin annobar korona ya ƙare. Burazil kuma ta ɓullo da shirin tallafa wa iyalai matalauta da kuɗi mai suna Bolsa Família a 2003, inda akasari uwa ce ke karɓar kuɗin, bisa sharaɗin yara su je makaranta a kuma yi musu rigakafi. Masu sukar irin waɗannan tsare-tsare, da ke cewa suna iya rage himmar neman aiki ko ƙara wa gwamnati bashi, su ma suna da hujjar da ya kamata a saurara a natse.

Ban ɗora wa masu sharhi laifin su kaɗai ba. Tun da CNN ta fara watsa labarai ba dare ba rana a 1980, tashoshi ke neman abin cike fili, ga shi gardama ta fi bincike araha. Duk da haka ina roƙon masu shirya waɗannan shirye-shirye su riƙa sa alƙaluman a allo, su nuna abin da magidanci mai 'ya'ya uku zai samu a wata, kuma kada su bar wakilin ɗan takara ya tashi sai ya faɗi inda za a samo kuɗin.

Na gode.
Mai karanta jaridarka a kullum.