Buɗaɗɗiyar Wasiƙa ga Shugaban Kwamitin Gyaran Kundin Tsarin Mulki: A Cire Sashe na 20 daga Sahun Kyanwar Lami

Mai girma Sanata, ranka ya daɗe,

Bayan gaisuwa da fatan alheri. Na san teburinka cike yake da takardu, masu neman sababbin jihohi na nan, masu neman 'yan sandan jiha na nan, kowa da irin kiɗan da ya karɓe shi. Ni tawa buƙatar layi ɗaya ce a kundin 1999, wato sashe na 20, wanda ya ce hukuma za ta kare muhalli ta inganta shi, ta kiyaye ruwa da iska da ƙasa da daji da namun dawa. Magana ce mai daɗin ji. Amma tana Babi na Biyu, sashe na 6(6)(c) kuwa ya riga ya ɗaure hannun kotu game da duk abin da ke wannan babi. Idan gwamnati ta ƙi cika alkawarin, talaka ba zai iya riƙe wannan sashe shi kaɗai ya kai ta ƙara ba. Kyanwar Lami ke nan, ba cizo ba yakushi.

Bari in ajiye maka labari biyu kusa da juna, duka na gubar dalma.

A 2010 aka gano yara na mutuwa a ƙauyukan Anka da Bukkuyum a Zamfara. Duwatsun zinariya masu ɗauke da dalma ake kawowa cikin gida a niƙa, ƙurar ta sauka a tsakar gida inda jarirai ke rarrafe suna kai hannu baki. Yaro ya fara amai, ya shiga jijjiga, kafin a ce me ya cika. Aƙalla yara 400 suka tafi a haka. Likitocin ƙungiyar agaji ta MSF suka ce ba amfanin ba yaro maganin wanke jini a mayar da shi kan ƙasar da ta sa masa ciwon, sai an kankare saman ƙasar an zuba sabuwa. Garin Bagega ya jira wannan aiki har 2013, domin kuɗin da aka yi alkawari sun maƙale a Abuja. Abin da ya fito da kuɗin a ƙarshe matsin lambar ƙungiyoyi ne da surutun intanet. Da sashe na 20 yana da haƙori, da umarnin alƙali ɗaya ya gajarta wannan jira.

A Kenya, unguwar Owino Uhuru da ke Mombasa ta sha irin wannan guba daga wata masana'antar narka tsofaffin batura. Mazauna unguwar suka tafi Kotun Muhalli da Filaye, a 2020 ta yanke musu diyyar shilin biliyan 1.3, ta kuma ɗora kaso mai tsoka na laifin a kan hukumomin gwamnati da suka ba da lasisi suka kau da kai. An ɗaukaka ƙara, an sha jeka-ka-dawo, har Kotun Ƙolin ƙasar ta tabbatar musu da diyyar a ƙarshen 2024. Ba a dawo da wanda ya mutu ba, kuma biyan kuɗin ma wata shari'ar ce. Amma sun sami ƙofar shiga. Kundinsu na 2010 ya sa haƙƙin muhalli mai tsafta a sashe na 42, cikin haƙƙoƙin ɗan adam sosai, sashe na 70 kuma ya ce mai ƙara ba sai ya nuna an riga an cutar da wani ko an yi asara ba. Wannan jimla ta ƙarshe ita ce ta fi ɗaukar hankalina a duk abin da na karanta, saboda ita ke ba mutum damar zuwa kotu tun hayaƙin bai shiga ƙirjin ɗansa ba. Diyya ko nawa ce ihu ne bayan hari.

Kenya da mu gadon shari'ar Ingila ɗaya muka ci, don haka ba za a ce mana tsarinsu daban ba ne. Afirka ta Kudu ma ta yi haka a sashe na 24 na kundinta na 1996, kuma da shi wata babbar kotu a Pretoria ta yanke hukunci a 2022 cewa gurɓatacciyar iskar yankin kwal na Highveld ta keta haƙƙin mazauna wurin.

Za a ce maka alƙalai na iya toshe wannan gibi ba sai an taɓa kundi ba, a kawo maka misalin Indiya. Gaskiya ne su ma alkawarin muhallinsu, sashe na 48A, yana cikin manufofin da ba a kai ƙara a kansu, kuma daga wajensu muka kwaikwayi tsarin Babi na Biyu. Alƙalansu suka zaga ta sashe na 21, suka ce haƙƙin rayuwa ya haɗa da ruwa da iska masu tsafta, daga baya a 2010 aka kafa kotun muhalli ta musamman. Mu ma an gwada wannan hanya. A Nuwamban 2005 Babbar Kotun Tarayya da ke Benin, a shari'ar Gbemre, ta ce ƙona iskar gas a garin Iwherekan na yankin Neja Delta ya saɓa wa haƙƙin rayuwa da na mutunci. Wutar ba ta mutu don hukuncin ba. A 2018 Kotun Ƙoli ta yarda wata ƙungiya mai zaman kanta ta shigar da ƙara kan malalar mai, ba tare da an kore ta da tambayar nan ta "ke mene ne naki a ciki" ba. Ci gaba ne, na yarda. Sai dai haƙƙin da ya rataya a kan jarumtar alƙalin da aka dace da shi, ran da aka canza masa wurin aiki shi ma haƙƙin ya bi shi.

Kuma abin kunya ne, ranka ya daɗe, a ce manoman Neja Delta huɗu sai da suka tsallaka Holan a 2008, suka jira har Janairun 2021 kafin kotun ɗaukaka ƙara ta Hague ta ba su gaskiya kan man da ya lalata musu gonaki da tafkunan kifi. Holan ba ta bin tsarin Ingila, rubutacciyar doka irin ta Turai take bi, amma dokar tata ta ba ƙungiyoyi damar ƙara a madadin jama'a. Ta wannan ƙofa ƙungiyar Urgenda ta kayar da gwamnatin ƙasar a Kotun Ƙoli a Disamban 2019, aka umarce ta ta rage hayaƙi da aƙalla kashi 25 cikin ɗari a kan na 1990. Amurka kuwa kundin tarayyarta bai ambaci muhalli ba ko sau ɗaya, sai dai dokar iska ta 1970 da dokar ruwa ta 1972 sun ba ɗan ƙasa izinin maka mai gurɓatawa a kotu, har da hukumar da ta yi barci a bakin aikinta. Tsari uku mabambanta, amma kowanne ya bar wa mutumin gari hanyar zuwa gaban alƙali.

Ba ina cewa a kwaso duk abin da aka gani a waje ba ne. Yanzu ana yayin mayar da koguna "mutane" a idon doka. Ekwado ta ba halitta haƙƙi a kundinta na 2008, New Zealand ta yi wa kogin Whanganui haka a 2017, ta naɗa masa wakilai biyu ta kuma ware masa kuɗi, bisa tsohuwar alaƙar Maori, 'yan asalin ƙasar, da kogin. A shekarar ce wata kotu a Uttarakhand ta Indiya ta yi wa kogunan Ganga da Yamuna irin wannan, cikin 'yan watanni Kotun Ƙoli ta dakatar da hukuncin, bayan gwamnatin jihar ta yi kukan cewa in kogi ya yi ambaliya ya ci gidaje wa za a kama. Zanen aro ba ya rufe katara. Idan wani ya kawo wa kwamitinka shawarar a ba Kogin Kwara katin ɗan ƙasa, ka tambaye shi wa zai tsaya masa, da kuɗin wa.

Wanda kuma zai ce maka wannan duk tunanin Turawa ne, a tuna masa da ƙa'idar da almajiran fiƙihu ke haddacewa tun suna yara, la darara wa la dirara, ba cuta ba cutarwa. A kanta malaman Malikiyya suka gina hukuncin hana mutum kafa majema ko tanda inda wari da hayaƙi za su addabi maƙwabta, kuma maƙwabcin ne da kansa ke zuwa gaban alƙali. Rijiya tana da haraminta da ba a gini a ciki, makiyaya tana da himarta, wato filin da aka keɓe aka kare, kamar ta Naƙi'u kusa da Madina. Ga kuma Yarjejeniyar Afirka kan Haƙƙin Ɗan Adam, wadda muka mayar dokar ƙasa tun 1983, sashenta na 24 ya ambaci haƙƙin muhalli ƙarara, sai dai matsayinta ƙasa yake da kundi.

Abin da nake roƙo shi ne a ɗauko ma'anar sashe na 20 a dasa ta a Babi na Huɗu, babin haƙƙoƙin ɗan adam da ake kai ƙara a kansu, a biyo ta da jimla irin ta Kenya mai cewa kowa na iya shigar da ƙara ko bai nuna asarar kansa ba, sannan a fayyace cewa kotu na iya ba da umarnin dakatarwa da na gyaran wurin da aka ɓata, ba diyya kaɗai ba. Na san sashe na 9(3) ya tsaurara, taɓa Babi na Huɗu sai da kashi huɗu cikin biyar na kowace majalisa ta tarayya, da amincewar majalisun jihohi 24 cikin 36. Na kuma san su wa za su fara buga maka waya ran da daftarin ya fito. Idan ƙuri'un ba su cika ba a wannan zango, aƙalla a rubuta jimlar buɗe ƙofar ƙara a cikin dokar 2007 da ta kafa NESREA, hukumar tabbatar da bin dokokin muhalli, da dokar tantance tasirin ayyuka ga muhalli ta 1992, waɗannan rinjaye na yau da kullum ya ishe su.

Allah ya yi maka jagora.

Naka,
Wani tsohon malamin shari'a