Ka sauke bangon nan ka sake jera shi

Assalamu alaikum.

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya, kai da iyalinka. Mu nan lafiya lau, sai godiyar Allah. Damina ta yi albarka, an fara yankan gero. Ƙafar mahaifiyarka ta yi sauƙi, har tana zuwa makarantar dare da kanta. Ta ce a gaishe ka, a gaida maiɗakinka da 'yarka mai sunanta.

Na sa ƙaninka ya rubuta maka wannan ne don a waya ba ka barin magana ta kai ƙarshe. Da na ɗauko zance sai ka ce «to Baba, in sha Allahu», sai ka ce ana kiranka. Takarda kuwa dole ka zauna da ita.

Yaron gidan kawunka da ke yi maka lebura ya dawo gida. Kada ka riƙe shi a rai, ba ƙararka ya kawo ba. Ni na tsare shi da tambaya, don ban ga dalilin da zai sa yaro mai neman kuɗin aure ya baro Abuja ana tsakiyar aiki ba. Da ƙyar ya buɗe baki. Ya ce ginin da ka karɓa a bayan gari bene ne, kuma makarantar yara za a yi. Ya ce injiniya ya zo ya saki igiyar awo a bangon ƙasa na gefen gabas, ya ga ya karkace, ya sa farce a bulo ya ga yana zuba, ya ce a sauke a sake jerawa. Ya ce da aka cire katakon filoli, biyu daga ciki sun fito da ramuka har ana hango rodi, injiniya ya ce su ma a fasa a sake zubawa. Sannan ya ce, kuma nan ne ya sunkuyar da kai, bayan tafiyar injiniya ka sa an cusa kwaɓi a ramukan, aka bi da filasta tun kafin gari ya waye, mai ginin kuma ya canza injiniya, yanzu ana kafa gora za a zuba dakin, wato kankaren da hawan sama zai zauna a kai.

In ƙarya ya yi maka, ka faɗa mini, ni da kaina zan je gidan kawunka in sa ya ba ka haƙuri a gaban mutane. Wallahi babu abin da zai faranta mini rai kamar a ce ƙarya ce. Amma yaron nan ya kwatanta mini ramukan da hannunsa, kuma na san yadda fila take fitowa idan an ƙwari siminti aka kuma ƙi bubbuga kankare ya zauna. Wanda bai gani da ido ba ba zai iya kwatanta shi haka ba.

Ba sabon abu zan koya maka ba. A hannuna ka koyi riƙe cokalin gini. Ka san buhun siminti kilo 50 ne, kwanon sarki biyu ke nan, kuma kankaren da zai ɗauki nauyi kwano huɗu na yashi yake so da kwano takwas na tsakuwa a kan buhu guda, ba abin da lebura ya ga dama ba. Ka san bulo mai inci tara, ni ban taɓa yarda a wuce talatin a buhu ba, su kuwa masu bugawa a bakin titi sai su fitar da hamsin har da ɗori, su shanya a rana, ba ruwansu da ban ruwa. Ka san siminti ba bushewa yake yi ya yi ƙarfi ba, ruwa yake sha, shi ya sa ake ba shi ruwa safe da yamma har mako guda, kuma sai ya kwana 28 yake kai ƙarfinsa. Ka san yadda ake gane bulo: a ɗaga shi zuwa ƙirji a sake, in ya tarwatse ya zama gari to ba na gini ba ne. Duk ka sani. Abin da ke ƙona mini rai ke nan. Da jahilci ne da sai in ce a koya maka.

Filasta ba ta ɗaukar kaya, ɗana. Nauyin dakin, da bangon sama, da rufi, da tebura, da duk wanda zai taka benen nan, a kan filolin nan zai sauka, su kai shi fandisho. Filar da ke da rami a ciki, kwaɓin da ka cusa bai haɗu da tsohon kankare ya zama jiki ɗaya ba. Ruwa zai sami hanya, rodi zai yi tsatsa, tsatsa ta kumbura ta tsaga kankaren daga ciki, kai kuwa daga waje fenti kawai kake gani. Tana iya yin shekara biyar, tana iya yin goma. Ba za ta gaya wa kowa ranar ba.

Ka tuna hadisin da malaminku na allo yake yawan kawowa. Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya wuce wani mai sayar da hatsi, ya tura hannunsa cikin tarin sai ya ji danshi. Mutumin ya ce ruwan sama ne ya taɓa shi. Ya ce masa me ya hana ka sa jiƙaƙƙen a sama mutane su gani? Wanda ya yi ha'inci ba ya tare da ni. Wannan fa hatsi ne, wanda in an cuci mai saye kuɗinsa kaɗai ya tafi.

Yanzu bari in faɗa maka abin da ke hana ni barci. Ba kuɗi ba ne, ba sunan gidanmu ba ne, ba ma 'yan sanda ba ne, ko da yake duk suna nan. Yaran nan ne. Da gidan kwana na mai kuɗin ne, da na ce shi ya zaɓa wa kansa, ko da yake haka ma ba daidai ba ne. Amma makaranta? Uwa za ta tashi da asuba ta wanke ɗanta, ta shafa masa mai, ta ƙulla masa ɗan abin kari a leda, ta raka shi bakin ƙofa, ta koma ciki hankalinta kwance. Ba ta san ka ba. Ba ta taɓa jin sunanka ba. Amma a hannunka ta sa shi. Ranar Juma'a 12 ga Yulin 2024, a Jos, unguwar Busa Buji, benen makaranta ya rufto wa ɗalibai da safe suna cikin aji. Mutum 22 aka rasa, yawancinsu yara. Na ga hotunan a wayar ƙaninka: iyaye suna tone ƙasa da hannu, jakunkunan makaranta da takalma a warwatse cikin ɓaraguzai. Tun da yaron nan ya ba ni labarinka, duk sanda na rufe ido wurin nan nake gani, sai dai ginin naka ne, kuma a cikin masu tonon ina ganin kaina. Takwarar mahaifiyarka nan da shekara biyu za ta shiga makaranta. Za ka sa ta a ajin da ke ƙarƙashin filolin nan? Ka amsa wa kanka, ba ni ba. In ba za ka sa ta ba, to 'yar wa ka yarda a sa?

Kuma kada ka ce Allah zai kiyaye. Allah Yana kiyayewa, amma ba a haƙa rami a hanya a rufe da tabarma a ce Allah Ya tsare masu wucewa. A nan garinmu Zariya kana da labarin abin da ya faru a babban masallacin Juma'a na ƙofar fada, ranar 11 ga Agustan 2023, ana sallar la'asar. Ginin Babban Gwani Mika'ilu ne, tun wajen 1830 da 'yan kai, zamanin Sarki Abdulkarimu, ginin ƙasa da azara da bakan gizo wanda Turawa ke zuwa daga ƙasashensu su auna su ɗauki hoto. Ya tsaya kusan shekara 190. Duk da haka da wani sashe ya gaji ya rufto, aƙalla mutum 7 suka rasu a cikin sahu, kuma Mai Martaba da bakinsa ya ce an ga tsaga a bangon kwana ɗaya kafin nan, ana shirin kawo injiniyoyi. Wancan aikin gwani ne da aka yi da tsoron Allah, tsufa ne ya cim masa. Naka tun bai tashi ba an ga aibinsa, an nuna maka da yatsa, kai kuma ka rufe.

Na san abin da za ka ce. Mai gini ya matsa, siminti ya yi tsada, ka riga ka ci kuɗin sashen nan, in ka sauke daga aljihunka za ka biya, kuma in ka ƙi wani zai karɓa ya yi abin da ya fi naka muni. Na san masu kuɗin nan, na yi musu aiki tun ba a haife ka ba. Mai gini ba ya son jin a sake. Amma ka tambayi mutanen Legas labarin benen nan mai hawa 21 da ya zube a Ikoyi ranar 1 ga Nuwamban 2021. Fiye da mutum 40 suka mutu, kuma mai ginin kansa a ciki aka tono gawarsa. Yawancin sauran kuwa irinku ne, magina da leburori masu neman na abinci. In aka zuba dakin a kan filolin nan, ranar da za a cire gora, yaranka ne a ƙarƙashi. Kai ne a ƙarƙashi.

Mahaifiyarka ta gaya mini abin da ka faɗa da salla, cewa gaskiyar Baba ba ta gina masa ko ɗaki ɗaya na sama ba. Ta ɓoye mini har wata biyu kafin ta faɗa. To, haka ne, ba ni da bene. Amma a cikin gidan ƙasan nan aka haife ku duka, da kuɗin cokalin nan ka yi makarantar koyon sana'a, da shi aka yi maka aure, kuma ina yawo a garin nan daga Tudun Wada har cikin birni ba na sauya hanya don kada in wuce wani gini. Na kuma san har yau kana riƙe da abin da ya faru a aikin gidan Alhajin nan na bayan kasuwa, ranar da na sa ka sauke sahu shida na bulo a gaban leburori. Ka yi kwana da kwanaki ba ka ci abinci tare da ni ba. Ban yi don in wulaƙanta ka ba, kuma ko yau aka maimaita haka zan yi. Ka ɗora gaɓa a kan gaɓa, ka bar igiya ta saki a tsakiya, da na ƙyale ka da ka ɗauka haka ake yi. Kai da ka san zafin sauke sahu shida, kai ne yau za ka rufe fila mai rami da dare kamar ɓarawo? Wa ya koya maka? Ba a gidan nan ba. Kakanka ya sha rushe katangar da ya kai rabi don ya ga tubalin bai gama bushewa ba, kuma ba a taɓa jin ya nemi mai gida ya biya shi sau biyu ba.

Na yi zafi, na sani. Ka bar shi a zafin uba. Ban ce kai mugu ba ne. Kai ne ka ɗauki nauyin asibitin mahaifiyarka ba tare da an roƙe ka ba, kai ke biyan kuɗin makarantar ƙannenka, kuma na san wani ɓangare na abin da ya matse ka mu ne. Hannunka ya fi nawa kyau, na sha faɗa a bayan idonka. Tsoro ne ya kama ka, tsoron asara da tsoron mai kuɗi, kuma wannan yana kama kowa. Har yanzu ba a zuba dakin ba, saboda haka har yanzu gyaran mai sauƙi ne.

Ka tsayar da aikin. Ka je wurin mai ginin ido da ido, ba ta waya ba, ka ce masa filoli biyu da bangon gabas ba za su ɗauki bene ba, kuma ba za ka ɗora ba. Ka nemo injiniyan farko, ko wani mai rajistar COREN, hukumar da ke kula da aikin injiniyoyi, ya duba sauran filolin duka, don kwaɓin da ya ba da biyu marasa kyau shi ya ba da sauran. A kankare filastar a ga abin da ke ciki. Filolin a fasa su har ƙasa, a duba rodin da ringinsa, a sake kafa katako, a zuba a bubbuga sosai. Bangon ka fara saukewa daga sahun sama, a hankali, ka ware bulon da ya yi ƙara in an ƙwanƙwasa, sauran a zuba a cike rami. Ka jiƙa bulo kafin ka ɗora, ka ja igiya kowane sahu, ka auna kusurwa da kanka, kada ka bar wa yaro. In mai ginin ya ƙi, ka rubuta masa a takarda cewa ka janye da dalilinka, ka riƙe kwafi, ka kwashe kayan aikinka. Kuma ko ka janye, kada ka yi shiru, ka sanar da hukumar kula da gine-gine, don barinka wurin ba zai cike ramin filolin ba.

Maganar kuɗi kuma kada ta tsayar da kai. Filin nan na hanyar Jos da na ajiye, na yi magana da kawunka, akwai mai so. Dama don ku na riƙe shi. Mahaifiyarka ta ce a haɗa da tumakinta biyu, na ce ta bari tukuna. Ka lissafa buhu nawa, rodi nawa, bulo nawa, da kuɗin yara, ka turo wa ƙaninka.

Ban gaya wa kowa ba bayan kawunka da mahaifiyarka da ƙaninka mai rubutun nan, kuma ba zan gaya ba. Amma in Juma'a mai zuwa ta wuce ban ji daga gare ka ba, zan hau mota zuwa Kaduna in shiga jirgin ƙasa a Rigasa, yaron kawunka ya san wurin, zai kai ni. Gwiwata ba ta son tafiya, amma zan zo, kuma da gudumata zan zo.

Allah Ya yi maka albarka, Ya tsare ka da haƙƙin mutane, Ya buɗa maka ta hanyar halal. Ka shafa mini kan yarinyar.

Wassalam.

Mahaifinka,
daga Zariya.