A Nuna Mana Lissafi Kafin A Zabtare Garatuti

Ya Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa, ina so ka isar wa lauyan da kuka gayyato cikin shirinku ranar Asabar cewa maganarsa kan cire bashin wurin aiki daga garatuti, wato kuɗin sallamar ma'aikaci, ta hana ni barci. "Wanda ya sa hannu ya karɓa, idan ya zo tafiya sai a cire." Haka ya faɗa, mai gabatarwa ya ce to madalla, kuka wuce zuwa talla. Shi ke nan an gama da mu?

Ranka ya daɗe, babu wanda ya ce a ci bashi a ƙi biya. Bashi hanji ne, yana cikin kowa, kuma ni Musulmi ne, na san ko gawa ba a raba gadonta sai an sauke mata shi. Abin da ya ƙi taɓawa shi ne: wa ke yin lissafin? Wanda ke bin ka bashin shi ne ke riƙe da garatutinka, shi ne akanta, shi ne alƙali, kuma shi zai ce maka ka sa hannu ka tafi.

Shekara 26 na yi ina tsaron sito a wani kamfani a Kano. Da ambaliyar 2022 ta rushe mini ɗakuna uku a ƙauyenmu, ta kwashe shinkafar da ke fadama, na karɓi rancen naira 600,000 a wurin aiki. Ana cire 20,000 duk wata, wata 18 cur, takardun albashin suna nan cikin leda a adakar uwargida. Ko yaron firamare ya san saura 240,000. Da na ajiye aiki a 2024 aka ce garatutina miliyan 1 da dubu 400, amma 410,000 ce ta shigo asusuna. Na hau mota na je. Aka ce an haɗa da 500,000 na wani abokin aikina da na tsaya masa, alhali mutumin yana nan da ransa, yana ɗaukar albashi a wannan kamfanin har gobe! Ragowar 250,000 kuwa wai kuɗin ruwa da "sauran abubuwa". Ranar da na karɓi rancen ba wanda ya ambaci kuɗin ruwa, da ban taɓa shi ba. Na ce a ba ni a rubuce, aka ce akanta ya yi tafiya. Zuwa huɗu na yi. Wallahi a na ƙarshe mai gadin da na koya wa aiki ne ya tare ni a ƙofa, yana sunkuyar da kai don kunya.

Lauyanku ya fi ni sanin cewa Dokar Ƙwadago ta hana a cire wa ma'aikaci fiye da kashi ɗaya cikin uku na albashinsa a wata. Wato lokacin da nake da ƙarfi doka ta kare mini abincin iyalina. To don me ranar da ƙarfin ya ƙare za a kwashe sama da kashi biyu cikin uku a tashi ɗaya, ba takarda? Ya kuma san dokar fansho ta 2014 ta sa ana zuba kashi 8 na ma'aikaci da kashi 10 na mai kamfani a asusun da kamfani ba shi da iko a kansa. Wannan kaɗai ya tsirar mini da ɗan abin da nake karɓa a wata, da shi ma sun haɗa. Me ya hana shi bayyana wa mutane wannan bambancin? Tsofaffi nawa ne suka ji shi suka haƙura, suna zaton doka ce ta ce haka?

Da wata baiwar Allah ta bugo tana kuka kan haƙƙin mijinta, sai ya ce ta je Kotun Ma'aikata. Gaskiya ne, can ne hurumin irin wannan shari'a. Amma daga Auyo zuwa Kano da me? Kuɗin mota, kuɗin lauya, a ɗage zama ka dawo, kai da aka riga aka yashe. Su kuwa lauyansu albashi yake ci.

Ku dawo da shi, ku zaunar da tsohon ma'aikaci ɗaya a gabansa da takardunsa. Idan ba ku samu ba, ni zan zo, ko da rancen kuɗin mota ne.

  

Naku mai saurare kullum,
Tsohon ma'aikaci daga ƙaramar hukumar Auyo, Jihar Jigawa